Raina Kotu da Ƙarin Girman Ma'aikata: Tsakanin Yanke Hukunci da Aiwatar da Shi

1.0 Gabatarwa

Duk wanda ya san ƙasar Dutsin-Ma da ta Kurfi ya san cewa, bayan noma da kiwo da kasuwanci, babu abin da ke riƙe da gidaje masu yawa kamar aikin gwamnati. A Dutsin-Ma akwai Jami'ar Tarayya wadda aka kafa a shekarar 2011, ga Kwalejin Ilmi ta Isa Kaita, ga sakatariyar ƙaramar hukuma da asibiti da makarantu. Kurfi ma tana da nata rabon, kuma gari ne da ya daɗe da sanin darajar aikin ofis, domin daga can ne aka sami irin su Alhaji Ahmadu Kurfi, Maraɗin Katsina, wanda ya riƙe muƙamin sakataren hukumar zaɓe ta ƙasa lokacin zaɓen 1979. A irin waɗannan garuruwa albashin mutum ɗaya yakan ciyar da gida guda, har ya taɓa maƙwabta. Saboda haka maganar ƙarin girma magana ce ta tuwo da kuɗin makaranta da kuɗin magani.

Wannan maƙala za ta duba abin da ke faruwa idan ma'aikaci ya ga an danne masa ƙarin girma, ya kai ƙara, kotu ta ba shi gaskiya, amma hukumar da yake wa aiki ta ƙi motsawa. Za a yi bayanin ma'anar raina kotu, da matsayin ƙarin girma a idon doka, da hanyoyin da shari'a ta tanada don tilasta wa gwamnati bin umarni. Sa'an nan za a kawo misalai daga shari'o'in da aka yi a Nijeriya da waje. Abin da ake son nunawa shi ne, a sha'anin ƙarin girma, gwamnati ba ta cika fitowa fili ta ce ta ƙi bin umarnin kotu ba. Jinkiri shi ne hanyar da aka fi bi, kuma jinkirin kan cinye ainihin abin da ma'aikaci ya je nema.

2.0 Ma'anar Raina Kotu

A Hausa, raini shi ne ƙin ba wani abu ko wani mutum girman da ya cancanta. Masana shari'a kuwa sun kasa raina kotu kashi biyu. Kashi na farko shi ne wanda ake yi a gaban alƙali, watau kamar zaginsa, ko ta da hayaniya a zaure, ko ƙin amsa tambaya bayan an yi rantsuwa. Irin wannan alƙali na iya hukunta shi nan take, kuma dokar Final Kot ta Arewa, wadda ta fara aiki a 1960, ta tanadi horo a kansa. Kashi na biyu shi ne wanda ake yi a bayan idon alƙali, kuma babban misalinsa shi ne ƙin aikata abin da kotu ta umarta, ko aikata abin da ta hana. Wannan kashi na biyu shi ne ya shafi wannan maƙala.

Ya kamata a fahimci dalilin da ya sa aka ba kotu wannan iko. Mutane da yawa suna zaton an yi shi ne don kare mutuncin alƙali shi kansa. Gaskiyar magana ita ce, an yi shi ne don kare wanda ya kawo ƙara. Mutum ya bar ɗaukar fansa da hannunsa, ya kashe kuɗi, ya yi ta zirga-zirga, don ya yi imani cewa abin da alƙali ya yanke zai tabbata. Idan hukunci ya tsaya a takarda, to, an mai da shi tamkar wanda ya haƙa rijiya ya tarar da dutse. Daga ranar da jama'a suka gane haka, sai kowa ya koma neman haƙƙinsa ta ƙarfi ko ta hanyar ubangida.

Wannan matsala ba baƙuwa ba ce a ƙasar Hausa. Tun zamanin da, alƙali shi ke yanke hukunci, amma dogaran sarki su ke zartar da shi, kuma gidan yari yana hannun masarauta. Malaman jihadi sun ga hatsarin da ke cikin wannan, shi ya sa Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a cikin Kitabul Farƙi, da ƙanensa Abdullahi a cikin Liya'ul Hukkami, suka ba da ƙarfi a kan wajibcin adalci ga mai mulki. A zamanin En'e ma haka abin ya ci gaba, har zuwa gyare-gyaren 1967 da 1968 da suka raba kotunan alƙalai da sarakuna. Amma tushen matsalar bai sake ba: har yau alƙali ba shi da ɗan sanda nasa na kansa, ba shi da kurkuku, ba shi da baitulmali. Duk waɗannan suna hannun ɓangaren zartaswa. Idan kuwa ɓangaren zartaswan ne aka yanke wa hukunci, to, an shiga halin da Hausawa ke cewa mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi.

3.0 Matsayin Ƙarin Girma a Idon Doka

Tsarin matakan albashi daga na 01 zuwa na 17 ya samo asali ne daga rahoton Kwamitin Udoji na 1974. Bisa ƙa'idojin aikin Gwamnatin Tarayya, waɗanda jihohi suka kwaikwaya, ma'aikacin da ke mataki na 06 zuwa ƙasa sai ya yi aƙalla shekara 2 a kan mataki kafin a duba shi. Wanda ke tsakanin na 07 da na 14 shekara 3 ne, wanda ke na 15 zuwa sama kuwa shekara 4. Cika waɗannan shekaru bai isa ba shi kaɗai. Sai an sami gurbi, sai rahoton aikinsa na shekara-shekara ya yi kyau, sai ya ci jarrabawa ko ganawar da ake yi, kuma ya kasance babu wani horo a kansa.

Hukumomin da ke da wannan iko sun bambanta. Ma'aikacin jiha yana ƙarƙashin Hukumar Kula da Ma'aikata ta Jiha, wadda sashe na 197 na Tsarin Mulkin 1999 ya kafa. Manyan ma'aikatan ƙananan hukumomi, irin na sakatariyar Kurfi da ta Dutsin-Ma, suna ƙarƙashin Hukumar Kula da Ma'aikatan Ƙananan Hukumomi. Malaman firamare suna hannun Hukumar Ilmin Bai-ɗaya ta Jiha. Ma'aikatan jami'a kuwa majalisar gudanarwar jami'arsu ce ke da ta cewa. Sanin wannan yana da muhimmanci ƙwarai, domin ƙarar da aka kai hukumar da ba ita ke da iko ba takan mutu tun ba a shiga cikin maganar ba.

Kotunan Nijeriya sun sha nanata cewa ƙarin girma ba haƙƙi ba ne da ke zuwa da kansa don shekaru sun cika. Gata ne da ma'aikaci ke samu ta hanyar cancanta, kuma wanda ya ɗauke shi aiki shi ya fi sanin aikinsa. Don haka alƙali ba ya son ya zauna a kujerar hukuma ya ce wane ya fi wane. Amma akwai wuraren da kotu ke shiga. Na ɗaya, idan an keta ƙa'idar da hukuma ta shimfiɗa da kanta. Na biyu, idan an nuna bambanci saboda ƙabila ko addini ko jinsi ko ra'ayin siyasa, abin da sashe na 42 na Tsarin Mulki ya haramta. Na uku, idan an riga an ba mutum takardar ƙarin girma amma albashinsa bai sauya ba, abin da ma'aikata da dama suka sani sarai. Na huɗu, idan an kori mutum ko an yi masa ritayar dole ba bisa ƙa'ida ba, kotu ta ce a mai da shi, sa'an nan tambaya ta taso: a wane mataki za a ajiye shi, alhali tsararrakinsa sun yi gaba?

Kotun da ke sauraren waɗannan ƙararraki ita ce Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. An kafa ta ne da dokar soja ta 1976, amma ta daɗe ana jayayya a kan matsayinta. Gyara na uku da aka yi wa Tsarin Mulki, wanda aka sa wa hannu a 2011, shi ya ɗaga ta zuwa sahun manyan kotuna, ya kuma keɓe mata duk wata shari'a da ta shafi aiki da ma'aikata a ƙarƙashin sashe na 254C. Wanda bai gamsu da hukuncinta ba sai ya tafi Kotun Ɗaukaka Ƙara, kuma a nan shari'ar ke tsayawa. Sai dai ba kotu ce da ake samu a kowane gari ba. A manyan birane irin su Kano da Kaduna da Sakkwato take da rassa. Ke nan malamin makarantar da ke Kurfi, kafin ya ji kalma ɗaya daga bakin alƙali, ya riga ya biya kuɗin lauya da na mota da na masauki.

4.0 Hanyoyin Tilasta Bin Umarni

Sashe na 287 na Tsarin Mulki bai bar wata kafa ba. Ya wajabta wa dukkan hukumomi da dukkan mutane, a ko'ina cikin Tarayya, su zartar da hukuncin kotuna. Bugu da ƙari, ɗaukaka ƙara ita kaɗai ba ta dakatar da hukunci. Sai an roƙi kotu ta ba da umarnin dakatarwa, ta kuma amince. Muddin ba a soke umarni ba, wajibi ne a bi shi, ko da wanda aka yi wa yana ganin alƙali ya yi kuskure.

Idan hukuma ta ƙi bi, hanyar da ake bi tana cikin dokar zartar da hukunci ta 1945 da ƙa'idojin da ke ƙarƙashinta. Da farko lauyan ma'aikaci zai sa magatakardan kotu ya fitar da takardar da ake kira fom na 48. Wannan gargaɗi ne, ana haɗa shi da kwafin umarnin kotu, ana sanar da jami'in cewa in bai bi ba zai iya zuwa kurkuku. Idan ya yi kunnen uwar shegu, sai a bi shi da fom na 49, wanda ke kiransa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Idan bai kawo hujja ba, kotu na iya tura shi gidan yari har sai ya wanke kansa, watau har sai ya aikata abin da aka umarce shi.

A takarda wannan makami ne mai kaifi. A aikace kuwa akwai abubuwa huɗu da ke dakushe shi. Na farko, tun da 'yancin mutum ake shirin taɓawa, kotu na ɗaukar shari'ar tamkar ta laifi. Dole a miƙa wa jami'in takardun hannu da hannu, sai fa in kotu ta yarda a bi wata hanya, kuma dole a tabbatar da laifin ba tare da wani kokwanto ba. Kuskure kaɗan wajen miƙa takarda ya isa ya rushe komai, kuma kowa ya san wuyar da ɗan saƙon kotu ke sha kafin ya wuce masinja da sakatare ya kai ga babban jami'i.

Na biyu, sashe na 308 ya ba Shugaban Ƙasa da gwamnoni da mataimakansu rigar kariya muddin suna kan mulki. Saboda haka sandar kan faɗa ne a kan babban sakatare, ko shugaban hukuma, ko magatakardan jami'a, wanda sau da yawa zai ce shi ma jiran izini yake daga sama.

Na uku, idan hukuncin ya ƙunshi biyan bashin albashi, hanyar da aka saba ita ce a nemi kotu ta kama kuɗin hukumar da ke banki. Amma sashe na 84 na dokar 1945 ya ce kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati a matsayinsa na jami'i ba a kama su sai da yardar Babban Lauyan Gwamnati. Ga shi kuwa sau da yawa ofishin nan ne ya kare gwamnati a shari'ar. Kotuna sun yi ta saɓani a kan iyakar wannan sashe, kuma saɓanin kansa wata sabuwar shari'a ce da ma'aikaci zai sake biya.

Na huɗu, ko da an ba da umarnin kamu, 'yan sanda ne za su kama, kuma su ma a ƙarƙashin ɓangaren zartaswa suke.

5.0 Misalai daga Shari'o'in da Aka Yi

Shari'ar da ake ɗauka a matsayin tushe ita ce ta Shitta-Bey da Hukumar Kula da Ma'aikata ta Tarayya. Wannan mutum babban lauya ne a Ma'aikatar Shari'a ta Tarayya. An dakatar da shi, daga baya kuma aka yi masa ritayar dole bayan kakkaɓar 1975, lokacin da gwamnatin Janar Murtala Muhammed ta sallami ma'aikata fiye da 10,000. Babbar Kotun Legas ta ce abin da aka yi masa bai halatta ba, amma Hukumar ba ta mai da shi bakin aiki ba. Dole ya sake buɗe wata ƙarar yana neman umarnin tilas, ya sha kaye a kotuna biyu, sai a 1981 Kotun Ƙoli ta ba shi gaskiya. Ta bayyana cewa ma'aikacin gwamnati ba bara ba ne da za a kora yadda aka ga dama. Aikinsa yana da kariyar doka, kuma wajibi ne Hukumar ta girmama hukuncin da aka yanke. Abin lura a nan shi ne, sai da ya yi shari'a biyu: ɗaya don a ce yana da gaskiya, ɗaya don a ba shi gaskiyar tasa. Bayan shekara 3 kuma, gwamnatin soja ta kafa doka mai lamba 17 ta 1984, wadda ta hana kotuna sauraren ƙarar ma'aikatan da aka sallama a ƙarƙashinta.

A 1986 aka yanke shari'ar Gwamnan Soja na Jihar Legas da Cif Odumegwu Ojukwu. Ba ta shafi aiki ba, a kan wani gida ne da ke Ikoyi, amma ƙa'idar da ta kafa ta shafi kowa. Gwamnati ta fitar da Ojukwu daga gidan da ƙarfin bindiga alhali magana tana gaban kotu. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a mai da shi, gwamnati ta ƙi, sa'an nan ta garzaya Kotun Ƙoli tana neman a dakatar da umarnin. Kotun Ƙoli, ta bakin Mai Shari'a Kayode Eso da 'yan'uwansa, ta ƙi biya mata bukata, ta nuna cewa wanda ke taka umarnin kotu ba shi da bakin roƙon alfarma a gabanta. An yanke wannan hukunci ne a tsakiyar mulkin soja, abin da ya ƙara masa daraja.

Malaman jami'a ba za su manta da abokan aikinsu 49 na Jami'ar Ilori ba, waɗanda aka kora a 2001 saboda yajin aiki. Sai a 2009 Kotun Ƙoli ta ba da umarnin a mai da su, a kuma biya su haƙƙoƙinsu. Kafin wannan rana wasu daga cikinsu sun rasu. Waɗanda suka koma kuwa sun tarar an yi shekara 8 ana ƙarin girma ba da su ba.

A Jihar Katsina ma akwai darasi na kusa. A 2015 gwamnatin Aminu Bello Masari ta rushe zaɓaɓɓun shugabanni da kansilolin ƙananan hukumomi 34 na jihar, har da na Dutsin-Ma da Kurfi, bisa zargin almubazzaranci da kuɗi. Ranar 7 ga Mayu, 2021, Kotun Ƙoli ta yanke cewa rushewar ta saɓa wa Tsarin Mulki, ta umarci a biya su albashi da alawus na sauran wa'adinsu. Su ba ma'aikata ba ne irin waɗanda ake magana a kansu, amma abin da ya same su iri ɗaya ne. Wa'adinsu ya daɗe da ƙarewa, don haka kotu ba ta da yadda za ta mai da su kujerunsu. Kuɗi kawai ta iya ba da umarni a kansa. Mulkin da jama'a suka zaɓe su su yi ya riga ya tafi.

Misalin da ya fi kowane dacewa da wannan maƙala shi ne na rundunar 'yan sanda. A 1992 aka yi wa wani babban jami'i da ke aiki a Jihar Bauchi ritayar dole. Ya kai ƙara ya yi nasara, kuma daga baya Hukumar Kula da Aikin 'Yan Sanda ta ba da umarnin a mai da shi, a kuma daidaita masa ƙarin girman da ya wuce shi. Da abin ya ƙi tabbata, Babbar Kotun Tarayya ta ba da umarnin tilas a watan Oktoba na 2011. Shekara 11 bayan haka, ranar 29 ga Nuwamba, 2022, Mai Shari'a Mobolaji Olajuwon ta yanke wa Sufeto Janar Usman Alkali Baba ɗaurin wata 3 saboda raina kotu. Bai shiga kurkuku ba. Cikin watan Disamba kotun ta janye hukuncin, bayan an nuna mata cewa an ɗauki matakan bin umarnin. Abubuwa biyu ne suka fito fili. Daga 2011 zuwa 2022 mutum 7 ne suka riƙe kujerar Sufeto Janar, kuma na bakwai ne sandar ta samu, shi da ya hau a 2021; umarnin yana bin kujera ne, ba wanda ya fara ƙin bi ba. Sa'an nan daga 1992 zuwa 2022 shekara 30 ke nan, alhali duka-duka shekarun aikin gwamnati 35 ne.

A wasu ƙasashe ma an sha wannan gwagwarmaya. A Ingila an daɗe ana ganin cewa kotu ba ta iya kama ministan Sarauniya da laifin raina ta. A 1993 kotun ƙolin ƙasar ta wancan lokaci, watau Majalisar Dattawa, ta tabbatar da cewa Ministan Cikin Gida, a matsayinsa na minista, ya raina kotu a shari'ar wani malamin makaranta ɗan Zayar da aka mayar ƙasarsu a 1991 duk da umarnin alƙali. Kenneth Baker ne ke kan kujerar lokacin da abin ya faru. Ba a ɗaure kowa ba, amma an kafa ƙa'idar cewa gwamnati na bin doka ne don wajibi, ba don ta ga dama ba.

6.0 Jinkiri a Matsayin Raini

Idan aka duba waɗannan misalai za a ga cewa da wuya jami'i ya miƙe ya ce ba zai bi umarni ba. Abin da aka fi ji shi ne an kafa kwamiti, ko an tura fayil Ma'aikatar Shari'a don neman shawara, ko babu gurbi, ko ba a sa kuɗin cikin kasafin bana ba, ko an ɗaukaka ƙara, ko wanda ya san maganar an yi masa canjin wurin aiki. Wani lokaci kuma a bi rabin umarni: a ba da takardar ƙarin girma, a ce ta fara aiki daga shekarar da ta dace, amma kuɗi sai daga yau. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan dalilai yana iya zama gaskiya, shi ya sa yake da wuya a tabbatar wa kotu cewa da gangan aka ƙi.

Illar jinkiri a nan ta fi ta sauran shari'o'i. Gonar da aka yi shekara 10 ana rigima a kanta tana nan inda take ranar da aka gama. Ƙarin girma kuwa da shekaru ake auna shi, kuma shekarun ma'aikaci ƙidayayyu ne: shekara 35 yana aiki ko shekara 60 da haihuwa, duk wanda ya riga zuwa, in ban da irin malaman makaranta da dokar 2022 ta ƙara wa wa'adi, da malaman jami'a da alƙalai. Alal misali, a ɗauka akwai ma'aikaci a mataki na 08 da aka tsallake shi ba bisa ƙa'ida ba, ya yi shekara 3 a kotu, ya ƙara wasu 3 yana bin umarnin da ya samu. Ƙarin girma biyu ke nan suka wuce shi. Yaran da ya koya wa aiki sun zama shugabanninsa. Bashin da za a biya shi, in an biya, hauhawar farashi ta cinye darajarsa. Daɗin daɗawa, tun da fansho da garatuti suna da alaƙa da albashin da mutum ya riƙa karɓa, asarar za ta bi shi har tsufansa, ta kuma shafi magadansa.

Akwai kuma wata illa da ba a gani a takardar albashi. Sauran ma'aikata suna kallo. Idan suka ga wanda ya bi hanyar doka ya tsufa yana jira, wanda ya bi ta hannun ɗan siyasa kuwa ya samu cikin mako guda, to, sun koyi darasi, kuma ba mai kyau ba ne. Daga nan ne biyayya ga ƙa'ida ke komawa biyayya ga mutum.

7.0 Kammalawa

An ga cewa dokokin Nijeriya ba su gaza wajen faɗin abin da ya wajaba ba. Sashe na 287 a bayyane yake, fom na 48 da na 49 suna nan, kuma tun 1981 da 1986 Kotun Ƙoli ta faɗi matsayinta. Inda gizo ke saƙa shi ne tazarar da ke tsakanin ranar hukunci da ranar aiwatarwa, kuma jami'in da ya ja wannan tazara ba ya asarar komai daga aljihunsa.

Saboda haka gyaran da ake bukata shi ne wanda zai sa jinkiri ya yi wa mai yin sa tsada. Yana da kyau kotu ta riƙa yanka wa'adi a cikin hukuncinta, ta ambaci jami'in da zai aiwatar, ta kuma sa ranar da zai dawo ya yi rantsuwa cewa ya aikata. Ya kamata majalisa ta sake duba sashe na 84, domin ba daidai ba ne mai bin bashi ya nemi izinin lauyan wanda yake bi. Ya kamata gwamnatoci su riƙa ware kuɗin biyan hukunce-hukuncen kotu a cikin kasafinsu, kuma jami'in da aka tabbatar ya ja ƙafa da gangan ya biya kuɗin shari'a daga albashinsa. Ƙungiyoyin ƙwadago, su kuma, bai kamata su watse ranar da aka yi nasara a kotu ba, domin a ranar ne rabin aiki na biyu ke farawa. Shi kuwa ma'aikaci, ya adana kowace takarda tun daga ta ɗaukarsa aiki, ya bi matakan koke na cikin gida a rubuce, kuma kada ya yi sanyin jiki wajen kai ƙara, gama doka ba ta jiran mai nawa.

Ga ma'aikacin da ke Dutsin-Ma ko Kurfi wanda ya fito daga kotu riƙe da takardar nasara, hangen Dala ba shiga birni ba ne. Ranar da sabon mataki ya bayyana a takardar albashinsa, aka kuma biya shi abin da ya wuce, a ranar ne za a ce gwamnati ta bi umarnin kotu.